Ranar da Kaka Ta Sallami Ruwan Ƙarfe Huɗu

Yaya, ruwan gidanmu ya ɗauke! Ɗif! Yau kwana goma sha biyu ke nan ko ɗigo bai sauka a tsakar gida ba, kuma ni ɗin nan, ƙanwarki da kuke cewa bakina ba ya hutawa, ni ce na gano bakin zaren.

Na san za ki ce wane ruwa kuma. Tunda ba ki taɓa tako ƙafa gidan nan ba tun da aka kawo ni, bari in faro miki daga tushe, kada ki ce na zuba miki labari a hargitse kamar yadda na saba.

Kin dai san kakan mijina shi ne Mai Hadari. E, shi fa, wanda Innarmu ke ba mu labarinsa muna yara, mawaƙin nan da in ya buɗe baki sama ke saurara. Mu a da mun ɗauka wani ƙato ne mai tsayawa kan dutse yana daka wa gajimare tsawa. Ashe ɗan siririn mutum ne, gyaran laima yake yi a wani ɗan shago bayan kasuwa, ga shi da in'ina. Ki ce masa ina kwana, kafin ya amsa kin kai ƙarshen layi. Amma da ya fara waƙa sai harshen ya miƙe sumul. Baiwa ce Allah ya yi masa, shi ma haka yake faɗa wa kowa.

Yana ɗan shekara sha tara gobara ta kama layin masu katako. Mutane na ta gudu da bokitai, shi kuwa ya so ya yi ihu, in'ina ta riƙe masa wuya, sai kawai ya rera. Wallahi Yaya, wai girgije ya taso daga inda babu, ya zo ya tsaya daidai kan layin nan ya juye. Masu sayar da yadi da ke gefensu ko feshi bai taɓa su ba. Shekarar ambaliya kuma kan gada ya tsaya, kwana biyu yana lallashin hadari kamar mai lallashin yaron da ya yi zuciya, har ya juya ya je ya zuba inda babu gidaje. Wata guda ya yi ba murya bayan nan. Masu jirgin ruwa na zuwa neman iska, masu gini na zuwa neman rana, kowa a ɗan shagon nan yake durƙusawa tsakanin karyayyun laimomi.

Wanda ya fi ba ni dariya shi ne na manomi da mai buga tubali. Wannan na son ruwa, wancan na son rana, duk a mako ɗaya, har sun fara cin kwalar juna a ƙofar shago. Sai ya tura su ciki ya jawo ƙofa, ya miƙa wa kowa laima da allura. Ya ce su yi ta ɗinki har su shirya tsakaninsu, shi ba ya kai wa sama rigima. Kafin azahar sun raba: ruwa da sassafe, rana daga hantsi.

To, waƙarsa ta ƙarshe ta gida ce. A lokacin famfo na da nisa, matarsa, wato Kakarmu da muke zaune tare yanzu, gwiwa ta fara ba ta wahala. Sai ya tsaya a tsakar gida ya yi wannan, ni ma na haddace:

Ɗan girgije, dakata ka ji,
Gwiwar uwar yarana ta gaji,
Famfo da nisa kamar cikin daji,
In huɗu ta buga, leƙo ka zuba mata.

A makon da ya yi ta ya kwanta, bai tashi ba. Kowace waƙarsa kuwa tana da baitin rufewa, wanda in an faɗa ruwan ko iskar ke tafiya. Wannan ba ta da shi. 'Ya'yansa suka ce ai mutuwa ce ta riga shi ƙarasawa. Tun daga ranar, kullum ƙarfe huɗu na yamma, rani da damina, wani ɗan girgije kamar girman tabarma uku zai zo ya tsaya kan gidanmu ya yi ruwa na kwata guda. Iyakarsa katangarmu. Maƙwabta na shanya, mu muna kwashewa. Shekara ashirin da ɗaya, Yaya! Famfo ma ya daɗe da zuwa ƙofar gida, shi bai fasa ba.

Da farko daɗi nake ji. Baƙi su zo daga nesa su tsaya a ƙofa baki buɗe, ni kuwa in ratsa su da faranti a hannu ina yauƙi, wai nan gidan mijina ne. Mijina, Baban Kurciya, da yake gyaran agogo yake yi, da ruwan nan yake saita agogunan mutane. Amma zama a ciki wani abu ne daban. Bango duk gansakuka, kore shar. Gishiri ya narke a kwalba, ashana sai kin ƙyasta biyar kafin ɗaya ta kama, takalmin da kika kwana biyu ba ki sa ba ya yi fumfuna. Ƙofa ta kumbura sai da kafaɗa. Kwaɗi kuwa sun fi mu yawa. Ɗaya bayan ɗaya dangi suka tashi, gida mai ɗaki tara ya rage daga Kaka sai mu.

Sai tari ya kama 'yata Kurciya. Watanta takwas fa, ba ki gan ta ba, kumatu kamar a taɓa su fashe. Wata biyu ana abu ɗaya, a sha magani ya lafa, ya dawo. In ta yi barci ƙirjinta na fito kamar an saka usur a ciki. Karo na uku da muka je asibiti, nas ɗin ta ɗora mata abin sauraron ƙirji, ta daɗe, sannan ta shinshina zanen goyona.

Ta ce, “Maman yarinya, a rijiya kuke kwana?”

Na gaya mata gidan da muke. Ta ce ta san gidan, kakarta ma ta taɓa zuwa wajen Mai Hadari, amma gaskiya ɗaya ce: muddin yarinyar nan na shaƙar danshin nan, ƙirjinta ba zai washe ba, kuma na gaba zai iya fin wannan muni. Ko a busar da gida ko a fitar da ita.

A ranar Baban Kurciya ya je ya samo ɗaki can ƙarshen gari, ya ce Asabar za mu tashi. Ya roƙi Kaka ta bi mu, ta ce ko da igiya ba mai fitar da ita. Tsohuwa mai sanda, ita kaɗai a gida mai ɗaki tara! Ni kuwa raina ya rabu biyu, don duk tsiyar da take yi min ina son tsohuwar nan. Rediyo take ce min. Da na buɗe baki sai ta ce, “Wa ya kunna ta kuma?”

Ranar Laraba Baffa ya zo, ƙanin baban mijina. Malamin makaranta ne ya yi ritaya, tabarau kamar gindin kofi. A wajensa littafin waƙoƙin Mai Hadari yake. Wani akawu ne abokin marigayi, mai zama a bakin shago yana rubuta duk abin da kunnensa ya ji, shi ya tara su. Duk shekara Baffa sai ya tsara baitin rufewa da manyan kalmomi, ya tsaya tsakar gida ya karanta, ruwa ya yi masa dukan tsiya, kwaɗi su amsa. Da ya ji za mu tashi ya ce bari ya gwada na ƙarshe.

Saura rabin awa huɗu ta yi, ya zauna a rumfa yana karanta tsofaffin waƙoƙin da ƙarfi, wai yana ɗumama maƙogwaro. Ni ina gefe ina jera tukwane a kwali, Kurciya a bayana. Kaka na bakin ƙofarta tana tsintar wake. Ya karanta wata ta roƙon ruwa, Yaya, daɗi kamar tsikar jikinki ta tashi, gajimare na tahowa kamar garken shanu, ƙasa na buɗe baki. Sai ya zo ƙarshe ya ce: “To haka ya isa, kar albasata ta ruɓe.”

Na fashe da dariya. Ban so ba, wallahi.

Ya leƙo ni ta saman tabarau. “Me ya ba ki dariya?”

Na ce, “Ba komai Baffa, ci gaba.”

Ya buɗe wata, ta neman rana. Ita ma ta tafi tiryan-tiryan kamar ruwan kogi, sai a ƙarshe: “Madalla, kayan mutane sun bushe, bari in je in hura dutsen guga.”

Na ce, “Baffa, wannan ai mai wanki ne ya yi magana.”

Ya ajiye littafi a cinya. “Wannan ita ce gwanintar Baba, yarinya. Yakan hau sama sannan ya sauko ƙasa da magana mai sauƙi. Shafi goma sha biyu na rubuta a kan wannan salon. Ke da kika tsaya aji huɗu, ina za ki gane?”

Baban Kurciya na ta ƙyafta min ido in yi shiru. Ina! Kin san ni.

Na ce, “Aji huɗu na tsaya, Baffa, amma a rumfar Innarmu ta kasuwa na girma. Ko ido rufe na san bakin mai albasa, na san bakin mai wanki. Wanda ya yi na sama ba shi ya yi na ƙasa ba. Mai gyaran laima ina ya samu albasa? Ina ya samu dutsen guga? Wanda ya zo roƙo, shi ne yake cewa ya isa. Akawun nan ne ya haɗa ya rubuta duka kamar baki ɗaya.”

Baffa ya ɗauki littafin. Ya lashi yatsa ya fara juya shafi. A ƙarshen wata waƙar mai jirgi ya ce igiyarsa za ta tsinke, a rage iska. A wata kuma mai gini ya ce ya ɗora kwano, a saki ruwa. Baffa ya juya, ya juya. Can ya ce a hankali, kamar da kansa yake, “To wa ya roƙi na gidan nan?”

Duk muka juya. Kaka ta ajiye farantin wake, ta dafa sanda, ta shige ɗaki ta saki labule. Huɗu ta buga, ruwa ya sauko.

Na bi ta. Ɗakinta tsofaffin laimomin marigayi ne rataye a bango, ga warin man zafi. Na same ta zaune bakin gado, ido a rufe, ta ɗaga kai wajen kwanon rufi.

“Kaka…”

“Kashe rediyon nan sai ya gama.”

Na tsaya kamar gunki har ruwan ya ɗauke. Sannan ta buɗe ido ta kalle ni sama da ƙasa.

“Shekara ashirin da ɗaya masu tabarau na shiga suna fita, sai 'yar kasuwa ce za ta tona ni.”

Na durƙusa. Ta ce haka marigayi yake aikinsa. Shi ba ya rufe waƙa, yana cewa wanda ke da buƙata shi ya san inda ta biya. Ranar da ya yi ta gida ya ce mata in duro ya cika ta sallami girgijen da bakinta. Duro ya cika a kwana uku. A rana ta huɗu aka fita da shi.

Ta ce, “Ƙarfe huɗu yake rufe shago. Shekara arba'in ina jin tafiyarsa a ƙofa ƙarfe huɗu. Da aka watse zaman makoki, na zauna nan ni kaɗai, huɗu ta yi, sai na ji kwano ya fara ƙara. Ke ce da za ki ce masa tafi?”

Kafin in buɗe baki, Kurciya ta farka a bayana ta kama tarin nan mai jan numfashi, har sai da na kwance ta na dinga bubbuga bayanta. Kaka na kallo.

Na ce, “Ni ban ce ki yi komai ba, Kaka. Asabar za mu tafi. Zan dinga zuwa ina yi miki shara.”

Ta ce, “Fitar min daga ɗaki.”

Ranar Alhamis ba ta fito ba, abincin da na kai haka na ɗauko shi. Baban Kurciya ransa ya ɓaci sosai, yana ta ɗaure kaya yana cewa tun yana yaro yake shaƙar fumfuna, ashe maganin na bakin mutum ɗaya. Baffa ya so ya shiga ya yi mata magana, na tare ƙofa. Ni da kaina na tare Baffa! Na ce wannan ba abin da ake ƙwata ba ne, in ba daga ranta ya fito ba ko girgijen ba zai yarda ba. Ya kalle ni, ya koma ya zauna.

Juma'a, saura kwata huɗu, ina naɗe tabarma sai na ji ƙwas ƙwas ɗin sanda. Na ɗaga kai, sai ga Kaka ta ci ado. Zanen da ke ƙasan akwati, ɗankwali an kafa shi, har da kwalli.

Baban Kurciya ya ce, “Tsohuwa, zance za ki?”

Ta ce, “Ina ruwanka, mai agogo? Ke Rediyo, miƙo min yarinyar.”

Na miƙa. Ta kara kunnenta a ƙirjin Kurciya, ta daɗe tana ji, ita kuwa tana ta jan ɗankwalin. Ta mayar min da ita ta ce in shiga rumfa. Mijina ya zaro laima, ta nuna shi da sanda.

“Kada ka kuskura.”

Ta taka a hankali har tsakiyar gida. Girgijen ya zo, inuwa ta rufe mu, ruwa ya fara. Ta ɗaga fuska ya yi ta zuba mata, kwalli ya gangaro, zane ya jiƙe jagab. Minti biyar, minti goma. Na ce a raina shi ke nan, ta kasa. Sai ta goge fuska da bayan hannu, ta yi magana. Ba rerawa ta yi ba, magana ce kamar yana tsaye a ƙofa:

“To Mai Laima, ya isa haka, duro ya cika tun tuni. Tattaɓa-kunnenka Kurciya na tari, bar mata rana ta sha.”

Yaya! Ruwan nan ya koma yayyafi, yayyafi ya koma ɗigo, ɗigo ya tsaya. Amma girgijen bai motsa ba, yana nan a kanta. Ta ɗaga masa sanda.

“To me kake jira? Tafi mana. Ina nan tafe.”

Sai ya ja jiki, a hankali a hankali, ya haye katanga ya nufi wajen kasuwa, har muka daina ganinsa. Rana ta faɗo tsakar gidan nan, rana ta ƙarfe huɗu, wadda mijina bai taɓa gani a gidansu ba tun yana ɗan shekara bakwai. Ya zauna kan kwalin tukwanena ya rufe fuska. Ni kam hawaye har wuya.

Kaka ta juyo ta ce, “An kashe rediyo yau? Kin tsaya kina kallona, ba za ki kawo min tawul ba?”

Baffa a take ya zaro biro ya rubuta abin da ta faɗa a ƙasan waƙar, bai gyara ko kalma ɗaya ba. Kin ji abin da nake son ki ji ke nan: 'yata na cikin waƙar Mai Hadari ta ƙarshe! Duk wanda ya buɗe littafin nan ko bayan shekara ɗari, a kanta zai rufe. Yanzu Baffa kullum yana zuwa da hantsi, ya karanta, ni in ce masa nan bakin marigayi ya tsaya, nan na wani ya fara. Yana neman 'ya'yan mai albasa da na mai wanki ya gaya musu iyayensu ma da rabonsu a ciki. Jiya har “Malama” ya kira ni. Na waiga in ga da wa yake.

Mun kwance kaya, mijina ya je ya ba mai ɗakin can haƙuri. Mun kankare bango, mun fitar da katifu rana, tagogi a buɗe wuni guda. Kaka dai in yamma ta yi takan yi shiru ta shiga ɗaki, ni kuma ba na bin ta. Shekaranjiya muka koma asibiti. Nas ta saurara gaba, ta saurara baya, ta sake saurarawa, ta ce ƙirji ya washe tas, a ci gaba da shan iska.

Yau da safe na sauke Kurciya a tsakar gida. Karo na farko ke nan da ta taɓa ƙasar gidan ubanta, da ai caɓi ne ba a ajiye yaro. Ta tsaya tana kallon hannunta, sai ta kama rarrafe, tiƙis tiƙis har ƙofar Kaka, ta dumbuzo ƙasa ta kai baki. Na yi kanta da gudu ina ihu, Kaka ta miƙo sanda ta tare ni.

Ta ce, “Ƙyale ta ta ɗanɗana. Busasshiya ce.”